Darasi na 9: Dannau

Manufofin darasi

Bayan kammala wannan darasi, ɗalibi zai iya:

1. faɗin abin da ake nufi da dannau da yadda ake gane shi;
2. bayyana abin da ke faruwa a ƙwaƙwalwa da jiki har dannau ya auku;
3. lissafa abubuwan da ke jawo shi, ya kuma ƙirga awannin barcinsa da kansa;
4. sanin abin yi idan ya same shi ko ya sami wani nasa;
5. bambance dannau da larurorin da ba sa jira sai gari ya waye.

Shimfiɗa

Duk wanda ya san Bata a Kano ya san wuri ne da ba a kwanciya da wuri. Nan Fagge ta haɗu da Sabon Gari a kan titin Murtala Muhammad, kuma daga kantin takalma na kamfanin Bata wurin ya samo sunansa. Tun da sassafe 'yan dako ke jigilar kaya tsakanin kasuwar Sabon Gari da Singa da Kantin Kwari. Masu adaidaita sahu na lodi har dare. Idan masu shaguna sun rufe, masu shayi sun buɗe, masu gadi kuma sun kama aiki. Mutanen da ke neman abinci a irin wannan wuri barcinsu guntu-guntu ne, kuma a cikinsu ake yawan jin labari irin wannan:

"Wallahi Yaya, idona biyu. Ina ganin ƙofar shagon, ina jin kiran assalatu. Na so in tashi, jikina ya ƙi. Na so in kira ka, murya ta maƙale. Wani abu baƙi ya tsaya a kaina, sannan ya hau ƙirjina. Na ce shi ke nan, yau kwanana ya ƙare."

Wanda abin ya taɓa samu ba zai yi wa yaron da ya yi wannan magana dariya ba. Tsoron da ya ji na gaske ne. Hausawa na cewa rashin sani ya fi dare duhu, shi ya sa za mu bi abin daki-daki mu ga me ya faru da wannan yaro a daren nan.

1. Mene ne dannau?

Dannau shi ne mutum ya farka, ko yana dab da yin barci, hankalinsa na tare da shi amma ya kasa motsa jikinsa kuma ya kasa magana. Alamominsa sanannu ne:

- hannu da ƙafa da wuya sun ƙi motsi, amma ido yana iya juyawa;
- ana son yin ihu ko kiran wani, sauti ba ya fita;
- ana jin nauyi a ƙirji, kamar an ɗora buhun hatsi;
- ana jin akwai wani a ɗakin, wani lokaci har a ga inuwa ko a ji taku ko raɗa;
- wasu sukan ji kamar suna shawagi a sama ko suna faɗawa rami;
- tsoro mai tsanani, har mutum ya zaci mutuwa ce ta zo.

Yakan ɗauki 'yan daƙiƙu zuwa mintoci kaɗan, ko da yake mai shi yana ganin kamar an shekara. Daga nan sai ya saki da kansa, ko kuwa wani ya taɓa mutum ko ya kira sunansa, jiki ya dawo daidai. Bayan ya wuce mutum yana tuna komai, yana magana sarai, gaɓoɓinsa duk suna aiki. Ku riƙe wannan, za mu dawo kansa a sashe na 7.

> Akwatin kalmomi na 1
> Dannau: kasa motsi da magana na ɗan lokaci yayin shiga barci ko farkawa, alhali mutum yana sane da inda yake.
> Mugun mafarki: mafarki mai ban tsoro da mutum ke yi yana cikin barci sosai. Da ya farka zai iya motsi nan take. Wannan ne bambancinsa da dannau.

2. Barci hawa-hawa ne

Da can ana ɗauka barci abu guda ne, kamar a kashe fitila. A shekarar 1953 wasu masu bincike biyu a Jami'ar Chicago ta Amurka, Eugene Aserinsky da Nathaniel Kleitman, suka lura cewa akwai lokutan da idon mai barci ke ta kai-komo da sauri a ƙarƙashin fatarsa. Idan aka tashe shi a wannan lokaci, yawanci zai ce mafarki yake yi. Likitoci suna kiran wannan mataki REM. A wannan darasi za mu kira shi barcin mafarki.

Barcin dare yana tafiya zagaye-zagaye. Mutum zai fara da barci sama-sama, ya nutsa cikin mai nauyi, sannan ya shiga barcin mafarki, sai kuma a sake sabon zagaye. Kowane zagaye yana ɗaukar kimanin minti 90, kuma wanda ya yi cikakken barci yakan yi zagaye 4 zuwa 6 a dare guda. Barcin mafarki yana cin kusan kashi ɗaya cikin huɗu ko cikin biyar na barcin babban mutum. A farkon dare gajere ne, yana ƙara tsawo idan asuba ta gabato. Wannan ne dalilin da ya sa mafarkin goshin asuba, da na barcin da aka koma bayan salla, ya fi tsawo kuma aka fi tuna shi.

3. Sakatar da ƙwaƙwalwa ke sa wa jiki

A mafarki mutum yana gudu, yana dambe, yana tsallake katanga. Me ya hana shi tashi ya aikata haka a kan tabarma, ya ji wa kansa ko na kusa da shi ciwo? Allah cikin hikimarsa ya yi wa jiki sakata. Da zarar barcin mafarki ya fara, wani sashe a tushen ƙwaƙwalwa yana aika saƙo ta laka cewa tsokokin hannu da ƙafa da wuya su saki, kada su karɓi umarni. Wani likitan Faransa, Michel Jouvet, shi ya gano haka a birnin Lyon a 1959 ta hanyar nazarin kyanwoyi. A 1965 ya nuna cewa idan wannan sashe ya lalace, kyanwa tana tashi cikin barci ta yi ta farauta da faɗa da abin da babu shi. Ashe sakatar nan kariya ce, kuma kowane mai lafiya ana sa masa ita sau da yawa a kowane dare ba tare da ya sani ba.

Sakatar ba ta rufe komai. Zuciya tana bugawa, ido yana motsi, tantanin da ke tsakanin ƙirji da ciki, wanda shi ne babban mai jan numfashi, yana ci gaba da aikinsa.

A ka'ida, farkawa da zare sakata tare suke zuwa. Wani lokaci kuwa sai hankali ya riga jiki farkawa. Wannan tazara da ke tsakaninsu ita ce dannau.

*Misali na 1.* Wani yaron shago yana kwana a cikin shagon maigidansa a Fagge. Da dare maigida yakan ja ƙofa ya sa kwaɗo ta waje saboda ɓarayi, da safe ya zo ya buɗe. Kullum kafin yaron ya farka an riga an buɗe, don haka bai taɓa damuwa da kwaɗon ba. Wata rana ya farka maigida bai iso ba. Ya tura ƙofa, ta ƙi. Idan ya ruɗe, zai yi ta dukan ƙofa yana ganin an ɗaure shi. Idan ya tuna cewa don tsaronsa aka sa kwaɗon, kuma mai mukulli yana tafe, sai ya zauna ya jira. Yaron shi ne hankalinka, shagon jikinka ne, kwaɗon kuwa sakatar barcin mafarki ce.

> Akwatin kalmomi na 2
> Barcin mafarki: matakin barci da ido ke kai-komo da sauri, ƙwaƙwalwa na aiki kamar ta mai ido biyu, kuma a cikinsa aka fi yin mafarki.
> Sakatar barci: sakin da tsokokin jiki ke yi a lokacin barcin mafarki domin kada mutum ya aikata abin da yake mafarki.
> Laka: farar igiyar da ke cikin ƙashin baya, wadda ke kai saƙo tsakanin ƙwaƙwalwa da gaɓoɓi.

4. To, nauyin ƙirji da baƙin abu fa?

Wannan ita ce tambayar da ta fi damun mutane. Mu ɗauke ta kashi biyu.

Na farko, nauyin ƙirji. A barcin mafarki numfashi gajere ne, kuma tsokokin da ke tsakanin haƙarƙari suna cikin waɗanda suka saki. Mutumin da ya tsorata yana so ya ja dogon numfashi. Ya yunƙura, ƙirji bai buɗe yadda ya saba ba. Sai ya ji kamar an danne shi ko an shaƙe shi. Amma iska tana shiga tana fita, domin tantanin numfashi bai tsaya ba.

Na biyu, abin da ake gani ko ake ji. Hankali ya farka, amma mafarki bai gama tafiya ba. Ido yana ganin ɗakin gaske, ƙwaƙwalwa kuma tana zuba hotunan mafarki a kansa. Ga kuma wani ɗan sashe na ƙwaƙwalwa da aikinsa shi ne hango haɗari, kamar maigadi, wanda yake a faɗake sosai a lokacin barcin mafarki. Maigadin da ya tsorata cikin duhu, ko leda iska ta kaɗa sai ya ce ɓarawo ne. Haka rigar da aka rataye a ƙusa ke zama mutum a tsaye, ƙarar fanka ta zama raɗa, bugun zuciyarka ya zama takun mai zuwa.

Daga nan tsoro ke ƙara tsoro. Ka yunƙura ka kasa, sai ka firgita. Firgita ta sa ka nemi dogon numfashi, ka kasa, nauyin ya ƙaru. Nauyin ya sa ƙwaƙwalwa ta nemi wanda ya hau ka, ta kuma zana maka shi. Shi ya sa wanda ya san abin da ke faruwa yakan fi samun sauƙi a kan wanda bai sani ba.

5. Ba kai kaɗai ba ne

Dannau tsohon abu ne kuma babu ƙasar da ba a san shi ba. Larabawa suna ce masa jasum ko kabus. A ƙarni na 10 wani likitan Bukhara mai suna Akhawaini ya yi bayanin kabus a littafinsa na koyar da likitanci. A 1664 wani likitan ƙasar Holan, Isbrand van Diemerbroeck, ya rubuta labarin wata mata da take jin an hau ƙirjinta idan ta kwanta, har ta kasa magana. Mutanen Japan suna kiransa kanashibari, wato ɗauri kamar da ƙarfe. Mutanen Sin suna cewa fatalwa ce ta danne gado. Maƙwabtanmu Yarabawa na Sabon Gari suna da abin da suke kira ogun oru, yaƙin dare. Ku lura, harsuna daban-daban amma ma'anar yawancinsu kusan ɗaya ce: dannewa da ɗauri. Jikin ɗan Adam iri ɗaya ne a ko'ina.

An kuma ƙirga. A 2011 Brian Sharpless da Jacques Barber suka tattara bincike 35 da aka yi a kan mutane fiye da 36,000 a ƙasashe daban-daban. Suka ga cewa a cikin jama'a kusan mutum 8 cikin 100 sun taɓa fuskantar dannau, a cikin ɗalibai kuwa kusan 28 cikin 100. A nan gida Najeriya, Jude Ohaeri da abokan aikinsa sun tambayi ɗaliban likitanci 164, suka wallafa a 1989 cewa kimanin 26 cikin 100 ya taɓa samunsu. Ana jin ɗalibai sun fi yawa ne saboda raba dare da karatu da fargabar jarrabawa. Yawanci ana fara saninsa ne a shekarun ƙuruciya, bayan balaga.

*Misali na 2.* Idan mutum 8 cikin 100 ne, nawa ke nan a cikin layin kasuwa mai mutum 50? Hamsin rabin ɗari ne, rabin 8 kuwa 4 ne. Ke nan za a iya samun mutum 4. A taron mutum 300 fa? 8 sau 3, mutum 24. Da yawansu ba su taɓa faɗa wa kowa ba, don gudun a ce sun gamu da iska ko a yi musu dariya.

A wurinmu mutane da yawa suna danganta dannau da aljanu ko mayu ko jifa. Magana a kan gaibu ta malamai ce, wannan darasi na lafiyar jiki ne. Amma akwai abin lura. Baland Jalal da Devon Hinton sun kwatanta mutanen Masar, inda da yawa ke cewa aljani ne, da mutanen Denmark, inda aka fi ɗaukarsa abin da jiki ke yi. Sakamakon da suka wallafa a 2013 ya nuna cewa Misirawa sun fi yawan fuskantarsa kuma sun fi tsoron zai kashe su. Wanda ya kwana yana fargabar abin da zai zo, barcinsa yakan lalace, lalacewar barci kuma ita ke buɗe wa dannau ƙofa.

Saboda haka a kiyaye harshe. Fuskar da ka gani a cikin dannau daga cikin kanka ta fito, kamar yadda kake mafarkin mutanen da ka yini da su. Ba hujja ba ce ta cewa kishiya ko maƙwabciya ko wata tsohuwa a unguwa mayya ce. Zargi irin wannan ya raba zumunci, ya kashe aure, har ya jawo a doki wanda bai ji ba bai gani ba.

6. Abubuwan da ke jawo shi

1. *Ƙarancin barci.* Babban mutum yana buƙatar aƙalla awa 7. Jikin da aka hana barci yakan faɗa barcin mafarki da gaggawa, ya kuma fita daga cikinsa a hargitse.
2. *Barci marar lokaci.* Yau ƙarfe 10, gobe ƙarfe 2. Masu gadi, direbobin dare, ma'aikatan jinya da masu jego duk suna cikin wannan. Haka ma azumi, lokacin da sahur da tahajjud ke sauya tsarin barci.
3. *Katsewar barci.* Zafin bazara babu wuta, sauro, ƙarar janareto. A Japan masu bincike sun jawo dannau da gangan ta hanyar tashin masu barci sannan a bar su su koma.
4. *Kwanciya rigingine.* An fi samunsa a wannan kwanciya fiye da kowace.
5. *Damuwa da fargaba.* Bashi, asarar jari, rashin lafiyar iyali, ko wani mugun abu da mutum ya gani bai bar zuciyarsa ba, kamar gobara ko haɗarin mota.
6. *Abin hana barci da kayan maye.* Goro, shayi mai kauri, kofi da lemon ƙara kuzari idan aka sha su da dare. Haka giya da ƙwayoyin da wasu ke sha don su jure aiki.
7. *Gado.* Yakan bi wasu gidaje fiye da wasu.

*Misali na 3.* Wani mai shayi a Bata yana tashi daga tebur ƙarfe 12:30 na dare. Kafin ya wanke kofuna ya isa ɗaki ya kwanta ƙarfe 1:00 ta yi. Yana tashi ƙarfe 5:00 don salla da hura wuta. Daga 1:00 zuwa 5:00 awa 4 ne. Abin da jiki ke buƙata 7 ne. 7 a cire 4, saura 3. A kwana 7 jiki yana binsa bashin awa 21. Ranar da kasuwa ta yi sanyi sai ya miƙe rigingine a kan benci da hantsi, nan dannau ke kama shi. Me zai gyara? Ya daina shan shayi mai kauri daga la'asar, ya samu yaron da zai buɗe masa tebur da safe a wasu ranaku, ya sa wa kansa ƙailula a lokaci guda kullum bayan azahar, ya kuma kwanta a gefe.

*Misali na 4.* Wata mai sayar da abinci a Sabon Gari tana da jariri ɗan wata uku. Tana tashi shayarwa sau uku a dare, ƙarfe 4:00 kuma ta ɗora tukunya. Ta ce wa uwar mijinta: "Inna, abin nan ya sake danne ni, ina ji yaron na kuka na kasa ɗaga hannu." Innar ta ce: "Sannu 'yar nan, ni ma ya yi mini haka da goyon fari. Kawo shi nan bayan azahar ki samu ki runtsa." Maganin da Inna ta bayar daidai ne. Barcin mai jegon ne ke katsewa, kuma abin da take buƙata shi ne wanda zai karɓe ta ta huta.

> Akwatin kalmomi na 3
> Bashin barci: bambancin awannin da jiki ke buƙata da waɗanda ya samu, idan suka taru kwana da kwanaki.
> Rigingine: kwanciya a kan baya, fuska na kallon sama.
> Ƙailula: ɗan gajeren barcin rana.

7. Abin yi

*Idan yana kanka:*

- Ka gaya wa kanka a zuci: wannan dannau ne, ina numfashi, yanzu zai wuce.
- Kada ka yi kokawa da shi. Yunƙuri da ƙarfi yana ƙara nauyin.
- Ka bi numfashinka a hankali yadda yake zuwa, kada ka nemi dogo.
- Ka gwada motsa ƙaramin abu: ɗan yatsa, harshe, ko ƙifta ido.
- Ka yi addu'a ko zikiri a zuci. Ba sai harshe ya motsa ba, kuma zuciya tana samun abin riƙewa.
- Idan ya saki, ka tashi zaune, ka sha ruwa, ka ɗan taka, sannan ka kwanta a gefe. Wanda ya koma nan take a kwanciyar da yake, yakan sake kama shi.

*Idan na kusa da kai ne:* in ka ji yana gurnani ko numfashinsa ya sauya, ka taɓa kafaɗarsa ka kira sunansa. Ba a watsa masa ruwa, ba a yi masa ihu. Idan ya faɗi abin da ya gani, a saurare shi, kada a yi masa ba'a, kada kuma a ƙara tsorata shi.

*Rigakafi:* lokacin kwanciya ɗaya kullum gwargwadon hali, ajiye waya kafin a kwanta, gidan sauro, rage cin abinci mai nauyi dab da barci. Musulmi sun san alwala da addu'o'in barci da kwanciya ta gefen dama. Kirista ma yana da addu'arsa ta dare. Duk abin da ya kwantar da zuciya ya kuma hana kwanciya rigingine yana taimakawa. A yi addu'a, a kuma gyara barci, ɗaya ba ya hana ɗaya.

*Abin da ba dannau ba ne.* Dannau shi kaɗai ba ya kisa, ba ya shanye jiki, kuma ba hauka ba ne. Haɗarin shi ne a kira wata cuta dannau a zauna a gida. Ku tuna abin da muka ce a sashe na 1: dannau yana wucewa cikin mintoci, mutum ya dawo garau. Idan aka ga ɗaya daga cikin waɗannan, a tafi asibiti nan take:

- mutum ya farka baki ya karkace, magana ta harɗe, ko hannu da ƙafar gefe ɗaya sun mutu kuma ba su dawo ba. Wannan alamar shanyewar ɓarin jiki ce, musamman ga mai hawan jini;
- jijjiga, cizon harshe, fitsari a kwance, da rashin tuna abin da ya faru. Wannan yana iya zama farfaɗiya;
- ciwon ƙirji mai tsanani da gumi, ko numfashi da ƙyar bayan an farka sarai;
- mutanen ɗaki guda sun tashi da ciwon kai da jiri da amai da kasala, alhali an kwana da janareto a kusa ko kaskon gawayi a ɗaki rufe, kamar yadda ake yi da hunturu. Wannan iskar guba ce da ba ta da wari ba ta da launi, kuma tana kashe mutane cikin barci. A buɗe ƙofa da taga, a fitar da kowa waje, a kai su asibiti.

A kuma nemi ganin likita, ba da gaggawa ba, idan dannau yana zuwa a kai a kai har mutum yana tsoron kwanciya. Ko yana tare da barci mai kwashe mutum da rana tsaka yana cikin aiki ko tuƙi. Ko da minshari mai ƙarfi da ɗaukewar numfashi. Ko da baƙin ciki da fargabar da suka ƙi tafiya. A fara da asibitin unguwa. Idan da buƙata za su tura mutum Asibitin Murtala ko Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano. Kada a sayi maganin barci a kemis ba tare da takardar likita ba.

Taƙaitawa

Yaron da muka fara da labarinsa ya yini yana dako, ya sha shayi mai kauri da dare, ya kwanta rigingine bayan ƙarfe ɗaya. Da asuba hankalinsa ya farka, sakatar jikinsa ba a zare ba tukuna, sauran mafarkinsa ya zuba a cikin shagon. Da yayansa ya san wannan darasi, da ya ce masa: "Kwantar da hankalinka ƙanena, dannau ne. Ɗaga hannunka in gani. Ka ga lafiyarka lau. Yau da wuri za ka kwanta."

Tambayoyin bita

1. Mene ne dannau? Kawo alamominsa guda huɗu.
2. Mene ne bambancin dannau da mugun mafarki?
3. Me ya sa ƙwaƙwalwa take sa wa jiki sakata a lokacin barcin mafarki?
4. A misalin yaron shago, me yaron yake wakilta, me shagon, me kwaɗon?
5. Bayyana dalilin da ya sa ake jin nauyi a ƙirji alhali numfashi bai tsaya ba.
6. Cike gurbi: zagayen barci ɗaya yana ɗaukar kimanin minti ____. Babban mutum yana buƙatar barcin aƙalla awa ____.
7. Gaskiya ko kuskure: (a) Hausawa kaɗai dannau ke samu. (b) An fi samunsa a kwanciyar rigingine. (c) Fuskar da aka gani a dannau hujja ce ta maita.
8. Wani direban adaidaita sahu yana kwanciya ƙarfe 12:00 na dare, ya tashi ƙarfe 5:00. Awa nawa yake barci? Nawa ne bashin barcinsa a kwana 6?
9. Idan mutum 8 cikin 100 ne, mutum nawa za a iya samu a cikin 200?
10. Faɗi alamu uku da ke nuna abin da ya sami mutum ba dannau ba ne, a kai shi asibiti.

Aikin gida

Har kwana 7, rubuta lokacin da ka kwanta da lokacin da ka tashi, da abin da ka sha bayan la'asar. Ƙirga awannin kowane dare, ka fitar da bashin barcinka na mako. Sannan ka tambayi wani dattijo ko dattijuwa a gidanku yadda suke bayyana dannau a zamaninsu da abin da suke yi masa. Ka zo da amsoshin aji mu tattauna.